Tarihin Jinginar Gida da Asalin Biyan Wata-Wata

Bashi hanji ne, in ji masu iya magana, yana cikin kowa. Amma a cikin dukan basussukan da mutum ya kan ci, da wuya a sami wanda ya kai bashin gida nauyi da daɗewa. Mutum ya kan ci shi yana sabon aure, ba zai gama biya ba sai 'ya'yansa sun kawo ƙarfi. A Ingila da Amurka yawancin masu sayen gida ta wannan hanya su ke samunsa. Banki ya ba mutum kuɗi ya sayi gida, gidan ya zama jingina a hannun banki, shi kuwa ya riƙa biya wata-wata har shekara 25 ko 30. In ya gaza, sai a sayar da gidan a biya banki. Sunan da Turawan Ingila su ke kiran wannan ciniki daga tsohon harshen Faransa ya fito, ma'anarsa kuwa matacciyar jingina. An ce dalilin sunan shi ne, ɗayan biyu za a yi: ko a biya bashi jingina ta mutu, ko a kasa biya gida ya fita daga hannun mai shi har abada.

Wannan tsari na biyan kuɗi iri ɗaya kowane wata yana da tarihi, kuma wanda ya san tarihin zai fi gane amfanin tsarin da tsadarsa.

A shekarar 1775, a birnin Birmingham na ƙasar Ingila, akwai wani mutum ana ce da shi Richard Ketley, yana da masauki mai suna Golden Cross. A lokacin nan masana'antu suna ta ƙaruwa a birnin, mutane suna ta kwararowa daga ƙauyuka, wurin kwana ya yi wuya. Bankunan zamanin kuwa ba su kula da leburori da masu sana'ar hannu ba. Sai waɗansu daga cikin masu zuwa masaukin nan suka haɗa kai suka kafa jam'iyya. Kowane wata kowa ya zuba abin da aka yanka masa, in kuɗi sun isa gina gida ɗaya sai a jefa ƙuri'a, wanda ta faɗa wa a gina masa. Wanda ya sami gida ba ya daina zubi, sai ya ci gaba har kowa ya sami nasa. Ran da na ƙarshe ya shiga gidansa, ran nan jam'iyya ta tashi. Wannan ita ce jam'iyyar gina gidaje ta farko da aka sani, kuma duk wanda ya taɓa zuba adashi zai gane ta nan da nan.

Dabarar ta bazu cikin Ingila, har ta ƙetare teku. A shekarar 1831 aka kafa irinta ta farko a Amurka, a wani gari da a ke kira Frankford kusa da birnin Philadelphia. Amma tsarin yana da aibi guda, watau wanda ƙuri'a ta faɗa wa a ƙarshe ya kan yi shekara da shekaru yana zubi yana zaune a gidan haya. Saboda haka, wajen shekarun 1840, aka fito da jam'iyyu masu ɗorewa, waɗanda ba su tashi. Waɗannan su kan karɓi ajiya daga masu rarar kuɗi su ba su ruwa kaɗan, sa'an nan su ranta wa masu neman gida su karɓi ruwa mai ɗan yawa. Ɗaya daga cikinsu ita ce wadda aka kafa a garin Halifax a shekarar 1853, wadda daga baya ta zama mafi girma a Ingila. Daga nan al'amari ya tashi daga taimakon juna ya koma ciniki, kuɗin ruwa kuma ya zama jigonsa.

A Amurka, har zuwa shekarun 1920, masu sayen gida da yawa ba su sami rance mai dogon wa'adi ba. Abin da bankuna da kamfanonin inshora su kan yi shi ne su ba mutum wajen rabin kuɗin gida, a kan wa'adin shekara 3 ko 5, wani lokaci har 10. A cikin shekarun nan ruwa kaɗai ya ke biya, uwar kuɗi tana nan ba ta ragu ba. Ran da wa'adi ya cika sai a ce ya kawo uwar kuɗi gaba ɗaya. Tun da ya ke ba kowa ke da su a hannu ba, sai a sabunta masa rance, a sake sa wani wa'adi. Muddin kasuwa tana ci, ba wanda ya ga laifin wannan.

A watan Oktoba na shekarar 1929 kasuwar hannun jari ta birnin New York ta karye, masifar tattalin arziki ta auka wa ƙasar. Daga 1930 zuwa 1933 bankuna wajen 9,000 suka rufe. A shekarar 1933, cikin kowane ma'aikata huɗu ɗaya ba shi da aiki. Bankunan da suka rage suka ƙi sabunta rance, domin su ma kuɗi su ke nema ido rufe, ga shi kuma darajar gidaje ta faɗi. Mutumin da ya yi shekaru yana biyan ruwa bai taɓa saɓa wa wa'adi ba, sai ya wayi gari ana binsa kuɗin da ya ci tun farko, ko kwabo bai ragu ba. A farkon 1933 ana ƙwace gidaje wajen 1,000 kowace rana.

A cikin wannan hali Franklin Roosevelt ya hau shugabancin Amurka. A watan Yuni na 1933 gwamnatinsa ta kafa wata hukuma mai suna Home Owners' Loan Corporation, aikinta shi ne ta karɓi basussukan masu gidajen da suka shiga uku daga hannun bankuna, ta sake tsara musu biya. Ta sa wa'adi shekara 15, ruwa kashi 5 cikin 100. Muhimmin abin da ta yi shi ne, ta ɗauki dabarar da jam'iyyun gina gidaje suka daɗe suna aiki da irinta, ta mai da ita ƙa'ida: kowane biya na wata ya ƙunshi ruwa da kuma wani yanki na uwar kuɗi, yadda ran da aka yi biyan ƙarshe bashi ya mutu ɗungum. Daga 1933 zuwa 1936 ta ba da rance fiye da miliyan ɗaya. Ba duka suka tsira ba, gama wajen kashi ɗaya cikin biyar sun rasa gidajensu duk da haka, amma sauran sun riƙe nasu.

A shekarar 1934 aka kafa Hukumar Gidaje ta Tarayya, wadda ta riƙa tsaya wa masu cin bashi a wurin bankuna, da sharaɗin bankin ya bi wannan sabon tsari. Da farko ta yarda a ranta har kashi 80 cikin 100 na kuɗin gida, wa'adi shekara 20. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu aka yi ta tsawaita wa'adi har ya kai shekara 30. A shekarar 1940 wajen kashi 44 cikin 100 na iyalan Amurka ke zaune a gidan kansu, kafin 1960 sun kai wajen kashi 62. Sai dai ba kowa aka buɗe wa ƙofa ba. An zana taswirori aka shata unguwannin baƙar fata da jan layi, aka ce ba su cancanci rance ba, kuma sai a shekarar 1968 aka yi dokar da ta haramta irin wannan wariya a sha'anin gidaje.

To, tsarin ya kawar da tsoron ranar cikar wa'adi, amma ya zo da tasa tsadar, wadda ba ta fitowa fili sai an zauna da alƙalami. A ɗauka mutum ya ranci dala 10,000, ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, wa'adi shekara 30. Abin da zai riƙa biya kowane wata kusan dala 60 ne. Ruwan shekara a kan dala 10,000 dala 600 ne, in an raba shi gida 12 ya zama dala 50 a wata. Ashe ke nan a cikin dala 60 da ya biya a watan farko, 50 ruwa ne, wajen 10 kaɗai suka rage bashi. A wata na biyu a kan abin da ya saura a ke lissafa ruwa, saboda haka ruwan ya ragu kaɗan, rabon uwar kuɗi ya ƙaru kaɗan. Haka za a yi ta tafiya, biya bai canza ba, amma rabonsa yana sauyawa sannu a hankali.

Sannu ba ta hana zuwa, amma a nan kowane wata na jinkiri da kuɗinsa. Bayan shekara 15, watau rabin wa'adi, mai bashin zai zaci ya biya rabi, alhali kuwa ana binsa wajen dala 7,100. Sai a shekara ta 19 rabon uwar kuɗi zai fara fin rabon ruwa. Ran da ya gama biya 360, jimlar abin da ya fita daga aljihunsa kusan dala 21,600 ce. Ya ranci 10,000, ya biya ruwa kusan 11,600, watau ruwa ya fi uwar kuɗi.

Da a ce shekara 15 ya zaɓa, da biyansa na wata ya zama dala 84 da 'yan kai, jimla kuwa wajen dala 15,200. Ƙarin dala 24 a wata ya tsirar masa da wajen dala 6,400. Ko kuwa ya tsaya a kan shekara 30 ɗin, amma ya riƙa ɗora dala 10 a kan biyansa kowane wata, in yarjejeniyarsa ta yarda da haka, sai bashin ya ƙare cikin shekara 21, ya tsira da kusan dala 4,000. Dalili kuwa shi ne, duk dalar da ta rage uwar kuɗi da wuri ta daina haihuwar ruwa har ƙarshen wa'adi. Abu guda da ya kan sassauta wa mai dogon wa'adi shi ne, darajar kuɗi ta kan ragu da shekaru, albashi ya kan ƙaru, saboda haka dala 60 ta shekarun ƙarshe ba ta kai ta farko ciwo ba. A wani gefen kuma akwai ƙarin kashe-kashe da ba su cikin wannan lissafi, kamar ladan lauya, da kuɗin ƙiyasta darajar gida, da inshora, da harajin gida.

Da ya ke mutane da yawa biyan wata kaɗai su ke dubawa, a shekarar 1968 majalisar Amurka ta yi doka ta tilasta wa mai ba da rance ya rubuta wa mai karɓa ainihin ruwan shekara da jimlar abin da rancen zai ci, tun kafin ya sa hannu. Amfanin sanin wannan ya bayyana a shekarar 1981, sa'ad da ruwan rancen gida na shekara 30 ya haura kashi 18 cikin 100. A kan irin wannan ruwa, mai rancen dala 10,000 zai biya wajen dala 151 a wata, a watan farko ko dala ɗaya ba za ta ragu daga uwar kuɗi ba, jimla kuwa ta wuce dala 54,000.

Duk da haka ɗan Adam mai mantuwa ne. A farkon shekarun 2000 masu ba da rance a Amurka suka yawaita ba da wani iri mai ruwa kaɗan a shekara 2 ko 3 na farko, sa'an nan ya tashi, da wani irin kuma wanda ruwa kaɗai a ke biya da farko. Aka ba mutanen da samunsu bai kai ba, bisa zaton in biya ya yi nauyi za su sabunta rance ko su sayar da gida da riba. Wannan kuwa shi ne zaton mutanen 1920. Da darajar gidaje ta fara faɗuwa, sai sabuntawa ta gagara. A watan Satumba na 2008 babban bankin nan Lehman Brothers ya karye, miliyoyin iyalai suka rasa gidajensu cikin shekarun da suka biyo baya, girgizar kuma ta kai ko'ina a duniya.

Tsarin ya iso Nijeriya tun zamanin Turawa. A shekarar 1956 aka kafa jam'iyyar gina gidaje ta Nijeriya bisa misalin na Ingila, a 1977 aka mai da ita Bankin Jinginar Gidaje na Tarayya. A shekarar 1992 aka kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, aka ce ma'aikaci ya riƙa zuba kashi biyu da rabi cikin 100 na albashinsa, daga baya kuma aka tsara rancen asusun a kan ruwa kashi 6 cikin 100, wa'adi har shekara 30. Lissafin da aka yi a baya bai san dala ko naira ba. Wanda ya ranci naira miliyan 10 a kan waɗannan sharuɗɗa, kusan naira miliyan 21 da dubu 600 zai mayar. Musulmi da yawa su kan guji irin wannan rance saboda hukuncin riba, su nufi bankunan da ba su ta'ammali da ruwa, inda banki ya kan sayi gidan ya sayar wa mutum da ribar da aka yi yarjejeniya a kanta, ko ya ba shi haya har ya mallaka. A can ma ana biya wata-wata ne, kuma akwai jimla a ƙarshe.

Saboda haka, ko wace hanya mutum ya bi, kafin ya sa hannu ya kamata ya nemi a rubuta masa abu huɗu. Na farko, jimlar abin da zai biya daga watan farko zuwa na ƙarshe. Na biyu, ko biyan wata zai iya tashi, da iyakar inda zai kai. Na uku, ko akwai wani dunƙulen kuɗi da za a nema a ƙarshen wa'adi. Na huɗu, ko an yarda ya biya da wuri ba tare da tara ba. Mutanen 1933 da na 2008 yawancinsu sun san abin da za su biya a wata mai zuwa, amma waɗannan amsoshi huɗu sai bayan da gidajen suka fita daga hannunsu suka same su.