Baƙon Sauti a Waƙar Arewacin Zamfara

Masana kiɗan gargajiya na kudancin Indiya, wanda ake kira Karnatik, sun daɗe da raɗa suna ga shigar baƙon sauti cikin karin da ba nasa ba. A wurinsu kowace waƙa tana tafiya ne bisa raga, wato tsararren jerin matakan murya da mawaƙi ke hawa da sauka a kansu, kuma tun ƙarni na 17 malaminsu Venkatamakhin ya shimfiɗa tsarin iyayen raga 72 da ake kira melakarta, waɗanda ake jingina sauran gare su. Ragar da ta tsaya ga sautukan uwarta ana ce mata upanga, wadda kuwa ta karɓi baƙon sauti a wata gaɓa sananniya, ba a ko'ina ba, ita ce bashanga, irin su Bairabi da Kamboji da Bilahari. Baƙon yana da masauki, yana kuma da iyakar da ba ya ƙetarewa.

Makaɗan ƙasar Shinkafi da Zurmi da Ƙauran Namoda ba su rubuta irin wannan ƙa'ida ba, amma harshen da suke waƙa da shi ya gindaya musu wadda ta fi ta tsauri. Hausa harshe ne mai karin sauti, inda hawa ko saukar murya a kan gaɓa ke sauya ma'anar kalma, don haka karin waƙa ba ya da ikon karkata yadda ya ga dama sai ya dubi kalmar da yake ɗauke da ita. Ibrahim Narambaɗa, ɗan garin Tubali kuma makaɗin Sarkin Gobir na Isa Amadu, ya yi waƙoƙinsa da kotso, ganga mai fata a baki ɗaya wadda ake matse tsarkiyarta domin ta kwaikwayi magana, yayin da Kassu Zurmi ya yi wa 'yan tauri kiɗa da kalangu, wanda shi ma mai magana ne. Yawancin waƙoƙin irin waɗannan makaɗa suna yawo ne a kan matakan murya biyar masu tazara a tsakaninsu, jagora yana kawo ɗiyan waƙa, 'yan amshi suna mayar da shi ga gindinta, kuma a irin wannan gini nauyin fasaha yana kan kalma da azanci fiye da kan lanƙwasar murya.

Wannan ba ya nufin ƙasar Hausa ba ta san aro ba, domin algaita da bandiri sunayensu kaɗai sun isa shaida cewa daga arewacin Afirka suka ƙetaro. Sai dai waɗannan kayan kiɗa ne aka ara, aka kuma koya musu Hausa.

Aron kari kuwa ya zo ne a ƙarni na 20, ta hanyoyin da suka buɗe yankin: layin dogo da ya isa Ƙauran Namoda a 1929, sannan rediyo, sannan kaset da ya shiga manyan kasuwanni irin ta Shinkafi mai ci ranar Alhamis. Finafinan Indiya da gidajen silima na 'yan Labanan suka riƙa nunawa a biranen Arewa sun kawo kari mai matakai bakwai, da ƙananan tazarori da jan murya da kunnen Bahaushe bai saba da su ba. A Kano wasu sha'irai masu bandiri, ciki har da ƙungiyar Ushaƙu Indiya, sun ɗora yabon Annabi a kan waɗannan karuruwa, suna ganin sun tsamo su ne daga shagala suka mayar da su ibada, ko da yake malamai da dama ba su yarda da wannan hujja ba. Daga shekarun 1990 kuma finafinan Hausa da kiɗan fiyano, wato na'urar da ke kwaikwayon sautin kayan kiɗa iri-iri, suka shigar da wannan kari har ɗakunan amare na ƙauyukan Zamfara.

Abin lura shi ne cewa wannan aro bai yi kama da na bashanga ba, domin ba sauti ɗaya aka ba masauki ba, kari ne sukutum aka ɗauko, kuma daga finafinan Bombai ya fito, ba daga kiɗan malaman kudancin Indiya ba. Ya fi kusa da abin da mawaƙin Karnatik Muttusuwami Dikshitar, wanda ya rasu a 1835, ya yi lokacin da ya ɗora kalmomin Sanskirit a kan karin badujalar sojojin Ingila. Inda mawaƙin Hausa ya gwanance, yakan zaɓi kalmomin da hawansu da saukarsu suka dace da baƙon karin. Inda ya gaza kuwa, sai a ji an ja gajeren wasali ko an tayar da gaɓar da ya kamata ta kwanta, kuma wannan karkacewar ce dattawan da suka tashi da kotson Narambaɗa ke fara ji kafin su kai ga ma'anar baitin.