Daga Filin Zariya Zuwa Kofin NBA

A Ingila aka haifi Masai Ujiri a 1970, amma a Zariya ya tashi. Da ƙwallon ƙafa ya fara, sai yana ɗan shekara 13 ya koma ƙwallon kwando, inda koci Oliver Johnson, Ba'amurken da ya horar da samarin garin masu yawa, ya kama hannunsa.

Ya yi karatu a Amurka, ya buga wasa a matsayin ƙwararre a Turai har zuwa 2002. Daga nan ya shiga nemo wa ƙungiyar Orlando Magic 'yan wasa ba ko sisin albashi, yana kwana a ɗakunan abokai.

A 2003 ya kafa gidauniyar Giants of Africa domin yaran nahiyar Afirka. A 2019, yana shugabantar Toronto Raptors, ƙungiyar ta ɗauki kofin NBA karo na farko.