Yadda Windows XP Ta Ƙi Barin Shagunan Gyaran Kwamfuta

Tun da Microsoft ya daina kula da Windows 10 a ranar 14 ga Oktoba 2025, tsohuwar gardama ta dawo tsakanin masu gyara: a ci gaba da zuba wa mutane tsohuwar manhaja da aka riga aka haɗa, ko a daina? Mai shagon buga takardu a Dinawa ko Goronyo bai damu da wannan ba. Shi dai in kwamfuta ta ƙi tashi, ya kai ta Sakkwato da safe, ya dawo da ita kafin la'asar.

Kwafe rumbun ajiya ɗungurungum tsohuwar dabara ce, amma wanda ya sauƙaƙa ta shi ne Murray Haszard, a birnin Auckland na Niyu Zilan, da manhajar Ghost a tsakiyar shekarun 1990. Kamfanin Symantec ya saye ta a 1998. Mai gyara zai ɗora Windows a kan kwamfuta ɗaya, ya saka Office da direbobi, ya naɗe komai cikin fayil guda. Duk wadda ta lalace sai a juye mata shi.

XP ta fito a Oktoba 2001, daidai lokacin da kwamfutocin gwanjo ke kwararowa ta Legas zuwa titin Beirut a Kano. Wasu na cewa satar fasaha ce kawai ta yaɗa wannan al'ada, suna kafa hujja da ƙasar Sin, inda aka ɗaure mai shafin Tomato Garden a 2009 saboda raba XP da aka yi wa kwaskwarima. Akwai ƙamshin gaskiya, amma ai faifan bogi ma ana iya ɗora shi ta hanyar da aka saba. Ni a ganina wuta ce. Ɗora XP daga tushe, da farautar direbobin sauti da na allo ba intanet, na cin sa'o'i. NEPA na ɗaukewa a koma farko, janareta kuma na shan mai. Juyewa kuwa 'yan mintoci ne. Ga bairos da filash ke yawo da shi shago-shago, ga kayan gwanjon da ke zuwa samfuri ɗaya, Dell ko HP da ofisoshin Turai suka sallama tare. Wannan na da muhimmanci, domin XP da aka kwafo daga wani samfuri daban sau da yawa shuɗin allo take nunawa ta tsaya.

Symantec ya daina sayar da Norton Ghost a 2013, tallafin XP ya ƙare 8 ga Afrilu 2014, amma Clonezilla ta Taiwan, wadda kyauta ce, ta ci gaba da aikin. Abin da masu gyara ba sa faɗa wa mai kaya shi ne, duk ɓarakar da ke cikin fayil ɗin ita ma ana juye ta. A Mayu 2017 sai da bairos ɗin WannaCry ya tilasta wa Microsoft fitar da facin gaggawa ga XP, kuma fayil ɗin da aka naɗe kafin lokacin ba ya ɗauke da shi.