Hisabin Kwanaki a Ƙasar da Babu Ita

Tun lokacin da ɗan Adam ya fara duban rana da wata don sanin lokacin shuka da na ibada, ya ci karo da wata mas'ala wadda ma'abota ilmin falaki ba su iya warware ta ba sai da dabara, wato ita shekarar shamsiyya kwana 365 ce da kusan rubu'in kwana, in kuwa aka raba ta mako-mako sai a sami mako 52, kwana ɗaya ya yi saura, wannan ragowar ce kuma take sa ranar da ta faɗo Litinin bana ta koma Talata baɗi. Masu ƙaga hikayoyin duniyoyin da babu su, su ma ba su tsira ba, domin duk wanda ya ƙirƙiri ƙasa da sarakunanta da yaƙoƙinta, ala tilas ya ba ta hisabin da za ta riƙa ƙirga zamani da shi.

A cikinsu babu wanda ya ɗauki lamarin da muhimmanci kamar J.R.R. Tolkien, shehin malamin tsohon Turanci a Jami'ar Oxford ta Ingila, wanda aka haifa a 1892 ya rasu a 1973. A ƙarshen juzu'i na uku na littafinsa The Lord of the Rings, wanda ya fito a 1955, ya ware babi sukutum don kalandun al'ummomin da ya ƙaga, mafi shahara kuwa ita ce ta Hobit, wasu gajerun mutane manoma mazauna ƙasar Shire. Shekararsu wata goma sha biyu ce, kowane wata kwana talatin cif, sai kwana biyar na biki waɗanda ba sa cikin kowane wata: uku a tsakiyar shekara, ɗaya a farkonta, ɗaya a ƙarshenta, kuma kusan duk shekara huɗu a ƙara na shida. Hikimar tana ga ranar tsakiyar shekara da waccan ta ƙari, waɗanda aka hana su sunan kowace rana ta mako, har ya zamana kowace shekara tana kamawa ran Asabar ta ƙare ran Juma'a, kalanda ɗaya ta ishi mutum iyakar ransa. Da yake a wannan tsari babu watan da yake kamawa ran Juma'a, sai marubucin ya ce in Hobit yana nufin ranar da babu ita, ko abin da da wuya ya faru, yakan ce cikin raha sai ran Juma'a ɗaya ga wata.

Wanda ya yi tsammanin duk wannan daga ƙwaƙwalwar mutum ɗaya ya fito, to bai leƙa tarihi ba. Wata goma sha biyu masu kwana talatin da ƙarin biyar hisabin Masar ne na zamanin Fir'aunoni, wanda Ƙibɗawa da mutanen Habasha suke riƙe da irinsa har yau, Faransawa ma suka ɗauke shi a 1793 bayan juyin mulkinsu, kafin Napoleon ya soke shi daga farkon 1806. Sunayen watannin Shire kuwa Tolkien ya samo su ne daga na Turawan Ingila na dauri, waɗanda wani malamin coci mai suna Bede ya tattara a littafinsa na hisabi a 725. Cikinsu akwai watan da makiyaya kan cika da lausasa har a tatsi saniya sau uku a yini, akwai na ciyayi, akwai na yanka dabbobi. Hatta ranar da aka hallaka zoben da labarin ya ginu a kansa, 25 ga Maris, ita ce farkon shekara a Ingila kafin gyaran 1752. Ƙwaƙƙwafin Tolkien ya kai ga ya bi matakan wata na 1941 da 1942 ya ɗora tafiyar jarumansa a kansu, don kada wata ya cika a wannan gari alhali a wancan jinjiri ake gani a dare guda. A ganina wannan ne ya sa mai karatu yake gaskata ƙasar, domin ƙaryar da aka ɗora a kan tushen gaskiya ta fi wuyar tonuwa.

Ita dabarar kwana marar suna ma an riga shi. Wani limamin Kirista na Italiya, Marco Mastrofini, ya kawo ta a 1834, sa'an nan wata Ba'amurkiya, Elisabeth Achelis, ta kafa ƙungiya a 1930 tana neman duniya duka ta koma kanta, har magana ta kai gaban Majalisar Ɗinkin Duniya. A 1955, shekarar da littafin Tolkien ya kammala fitowa, gwamnatin Amurka ta ce ba ta yarda ba, aka jingine batun. Hujjar masu suka ta addini ce, kuma duk Musulmi zai fahimce ta ba tare da dogon sharhi ba, musamman wanda ya san yadda Alƙur'ani ya soki nasi'in Larabawan jahiliyya masu jinkirta wata mai alfarma don biyan bukatarsu: in aka cusa kwana ɗaya tsakanin makwanni aka ce ba shi da suna, Juma'ar kalanda za ta rabu da Juma'ar haƙiƙa, haka Asabar ɗin Yahudu da Lahadin Nasara.

Abin da ya gagari hukumomin duniya ya yiwu a Shire ne saboda Tolkien, duk da kasancewarsa ɗan ɗarikar Katolika mai riƙo, bai ba mutanen nan wurin ibada ko farillar mako ba. Juma'a ita ce babbar ranarsu, amma iyakar abin da suke yi a cikinta shi ne su ajiye aiki bayan rana ta raba tsaka, da maraice kuma su ci liyafa.