Safi Faye, Matar Da Ta Sa Manoman Gyaɗa A Majigi

Jama'a, duk wanda ya taɓa cinikin gyaɗa ya san wahalar manomi, to wata mata 'yar Senegal ta nuna wa duniya ita. Sunanta Safi Faye, an haife ta a Dakar a 1943. Malamar makaranta ce a 1966, lokacin da ta haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, wanda ya daɗe yana ɗaukar fim a Nijar. Ya sa ta cikin wani fim nasa, daga nan ta wuce Faris karatu.

A 1975 ta fito da Kaddu Beykat, wato muryar manomi. Ƙauyensu ta koma, ta ɗauki danginta suna zaune gindin bishiya suna kuka da noman gyaɗa da aka ɗora musu, ga fari, ga bashi, hatsin ci kuma babu. Ai kuwa gwamnati ta hana nuna shi a ƙasar! A Jamus kuwa kyauta aka ba shi a 1976. Ita ce mace ta farko a Afirka kudu da Sahara da dogon fim ɗinta ya shiga kasuwa.

Ta yi Mossane a 1996, ta rasu a Faris a 2023.