Sojojin Hausa a Kumasi: Daga Bariki Zuwa Zango

A 1866, bayan yaƙin basasar Amurka, majalisar ƙasar ta kafa rundunonin baƙar fata, ta tura su yammacin ƙasar su yaƙi 'yan asalin wurin. Da yawansu 'yantattun bayi ne, manyan hafsoshinsu kuma Turawa. Wannan takarda za ta duba makamancin wannan a Afirka ta Yamma, wato sojojin Hausa da Ingila ta ci ƙasar Tonawa da su.

A 1863 John Glover ya kafa ƙaramar runduna a Ikko. Akasarin waɗanda ya ɗauka bayi ne 'yan Arewa da suka gudu daga iyayen gijinsu. Kakin soja ya ba su mafaka da albashi, amma ya sa su yaƙin da ba nasu ba. Suna cikin yaƙin 1873 zuwa 1874 da aka ƙone Kumasi. A 1879 aka kafa wa Gwalkwas, Gana ta yau, rundunarta daga cikinsu. Da su aka shiga Kumasi a 1896, aka kama Sarki Prempeh na ɗaya. A 1900 kuma, da Yaa Asantewaa ta yi wa Gwamna Hodgson ƙawanya, sojojin Hausa ne suka tsare ganuwar Turawa.

Ya kamata ɗalibi ya lura da ma'anar "Hausa" a nan. Ba duka ne Hausawa ba. Akwai Mosawa da Gurunsawa da Dagwambawa, sai dai Hausa ce harshen bariki, don haka sunan ya game kowa. Wato kalmar ta tashi daga sunan ƙabila, ta koma sunan sana'a.

Bayan yaƙi, wasu tsofaffin sojoji sun zauna a Kumasi tare da fataken goro da suka baro Salaga bayan rikicin 1892. Haka Zangon Kumasi ya bunƙasa. Sunan Suame Magazine ma, matattarar makanikai da maƙera, daga ma'ajiyar makaman soja ta zamanin mulkin mallaka ya samo asali.

A taƙaice, sojan Hausa, kamar takwaransa na Amurka, ya tsira daga bauta ne ta hanyar murƙushe wasu. Duk mai nazarin Hausar Zango, dole ya san cewa fatauci da bindiga ne suka kafa ta tare.