Grand Prix Legends: wasan tseren mota da ya yi kwantai a 1998, amma har yau ana buga shi

A ƙarshen shekarar 1998 wani kamfani na Amurka mai suna Papyrus ya fitar da wasan kwamfuta na tseren motoci, Grand Prix Legends. Mutane suka saya, suka ɗora a kwamfuta, suka taka totur, a kwanar farko motar ta juya ta kalli inda ta fito. Suka sake gwadawa, ta sake juyawa. Da yawa daga nan suka ajiye faifan. Masu sharhi sun yaba, amma wasan bai yi kasuwa ba.

Laifin, in laifi ne, na David Kaemmer ne, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa kamfanin. Tun 1989 ya fitar da Indianapolis 500: The Simulation, kuma aƙidarsa ita ce motar cikin kwamfuta ta bi dokokin kimiyyar motsi kamar yadda ta gaske ke bi. A wannan karon sai suka zaɓi kakar Formula 1 ta 1967, wadda Denny Hulme ya lashe. Motocin lokacin, irin su Lotus 49 da Jim Clark ya tuƙa, nauyinsu bai wuce kilo 500 da ɗoriya ba, ga inji mai ƙarfin dawakai kusan 400. Ba su da fuka-fukan da ke sa iska ta danne mota a ƙasa, don sai a 1968 aka fara sanya su. A 1967 ne Lorenzo Bandini na Ferrari ya rasu bayan motarsa ta kama da wuta a Monaco.

To me ya sa tuƙa su ke da wuya haka? Amsar tana cikin taya. Idan ka murɗa sitiyari, taya ba ta bin daidai inda ta fuskanta. Robar da ke taɓa kwalta tana ɗan murɗewa, sai a samu ƙaramar kusurwa tsakanin inda tayar ke kallo da inda take tafiya. Daga nan ƙarfin da ke juya mota yake fitowa. Yana ƙaruwa har zuwa wani mataki, da ka wuce shi sai ya fara raguwa. Tayoyin 1967 sun fi riƙe ƙasa ne idan kusurwar ta ɗan yi faɗi, wato mafi saurin hanyar shan kwana ita ce motar tana ɗan zamewa da ƙafafunta huɗu. Kuma riƙon da taya ke da shi ƙayyadajje ne: abin da ka kashe a birki ba za ka same shi a juyi ba. Ka taka birki, nauyi ya koma gaba, baya ya yi sakayau. Ka murɗa a lokacin, shi ke nan, ta wulla ka. Wasan yana lissafa wannan ga kowace taya daban, sau ɗaruruwa a cikin daƙiƙa guda, a kwamfutocin da wayar hannunka ta yanzu ta fi su ƙarfi nesa ba kusa ba.

Ni kaina da na gwada, da maɓallan kibod (kar ka yi wannan kuskuren), na yi kwana uku ban kammala zagaye ɗaya lafiya ba. Balle filin Nürburgring na Jamus, mai tsawon kusan kilomita 23, da suka gina a cikin wasan.

A ganina wahalar nan ce ta raya shi. Wasan da ke yi maka sauƙi kana gama shi ka manta. Wannan kuwa tsirarun da suka jure sun gano cewa motar ba ta ƙarya: duk juyin da ta yi akwai dalilinsa, kuma ana iya koyonsa. Su suka haɗa manhajar VROC don tsere da juna ta intanet, a zamanin da ake shiga intanet ta layin tarho. Suka ƙirƙiri ɗaruruwan filaye, suka ƙara kakannin 1965 da 1966 da 1969, duk kyauta.

Papyrus ya ci gaba da gyara wannan lissafin har zuwa NASCAR Racing 2003 Season. A 2004 uwar kamfanin, Vivendi, ta rufe shi. Kaemmer ya haɗa kai da John W. Henry, attajirin nan da kamfaninsa ya sayi Liverpool a 2010, suka sayi asalin rubutun manhajar, suka ɗora iRacing a kansa, aka buɗe shi ga jama'a a 2008. William Byron a iRacing ya fara koyon tsere kafin ya zama direban NASCAR, Max Verstappen ma yana tsere a can. Da korona ta rufe filaye a 2020, direbobin NASCAR a iRacing suka yi gasa, tashar Fox ta nuna kai tsaye.

Tsohon wasan kuwa, masu son sa suna nan suna yi masa kwaskwarima don ya tashi a Windows na yanzu.